Ranar da Ratu Ya Fita Ba Haƙora

Haƙoran aka fara gani. Suna cikin kofin ruwa a gefen tabarma, na sama da na ƙasa, suna ta yi wa jama'a murmushi, mai su kuwa ko ƙyallinsa babu. Ƙofa a wangale, ƙwaryar yangona, jiƙon saiwar da maza ke sha, a kife, takalmi ƙafa ɗaya a bakin ƙofa. Kaf tsibirin Yanuloa an san Ratu Kitione ko bayan gida ba ya zagayawa sai ya sa haƙoransa, don haka kafin rana ta ɗaga magana ta gama gari: an sace Ratu.

Kuma a rasa ranar da za a sace shi sai yau! Soja sun ce za su koma bariki, amma wai talaka bai isa ya zaɓi ɗan majalisa da hannunsa ba tukuna, kada abin ya yi masa yawa. Sai dai shugabannin zuri'a na kowane tsibiri su zauna su zaɓi mutum ɗaya a madadin kowa. Na Yanuloa su bakwai ne. Uku suna bayan Sakiusa mai kanti, uku suna bayan Penioni, tsohon malamin makaranta, na bakwai kuma shi ne mai haƙoran nan.

Shi Sakiusa ɗan ƙanwar Ratu ne, wato vasu, kuma abin da vasu ya nuna a gidan kawunsa ya zama nasa, alade ne ko kwalekwale, ba a ce masa a'a. Da safen nan ya sauko daga jirgin ruwa, ya dawo daga birni tare da akwatin zaɓe da wani Saja Nemani da kuratansa biyu. Niyyarsa ya zarce gidan kawu ya ce a ba shi ƙuri'a, shi ke nan an gama zaɓe. Ya zo ya tarar da kofi.

"Ku ja baya! Haba jama'a, kun tattake min ƙasa kamar garken shanu!"

Waisake ke nan, mai bin sawu. Aladun daji masu ɓarnar gwaza yake bi, da shanun da suka tsinke igiya, kuma tsakani da Allah ya iya. Baki ne kawai ya yi masa yawa. In ya ga sawu sai ya gaya maka abin da mai sawun ya ci jiya da abin da ya yi mafarki, kuma ba ya iya faɗa a hankali, sai kowa ya ji. Ya kewaya ƙofar sau ɗaya, hannu a baya, sannan ya nuna ƙasa da ɗan yatsan ƙafa.

"Wannan ai ba sai na durƙusa ba. Takalmi mai facin taya, dunduniyar hagu a karkace, tafiyar agwagwa. Ɓarawo ɗaya ne a tsibirin nan mai irin wannan tafiya. Penioni, fito, asirinka ya tonu!"

Aka kwashe da dariya, don Penioni taubashinsa ne, kuma tun suna yawo ba wando ba wanda ya taɓa jin kalma mai daɗi ta shiga tsakaninsu.

"Mutumin da ya ƙare rayuwarsa a bayan alade," in ji Penioni daga cikin taro, "ai dole kowa ya yi masa kama da danginsa."

Mutum ɗaya ne bai yi dariya ba. Saja Nemani ya matso, ya dubi sawun, ya dubi ƙafar Penioni.

"Sawunsa ne?"

"Nasa ne mana, amma Saja, ai taubashina ne, wasa..."

"Mu ma muna da taubasai a garinmu. Na tambaye ka sawunsa ne, ka ce nasa ne."

"Ba wani wasa!" Sakiusa ya yi tsalle ya shigo tsakiya. "Wa zai amfana in kawuna ya ɓace? Kowa ya san ƙuri'ar nan tawa ce. Saja, ko wane ne ya yi wannan, a tafi da shi bariki, ko da daga cikin gidanmu ya fito!"

Penioni ya ce e, ya zo jiya da yamma, amma tambuwa ya kawo. Ita tambuwa haƙorin ƙaton kifin teku ce da igiyarta, wanda duk ya karɓe ta ya ba da kalmarsa ke nan, ba ja da baya. Ya ce ya roƙi ƙuri'a da ita, Ratu kuma ya karɓa. Saja ya ce ina tambuwar? Aka birkice ɗaki, babu. Ina shaida? Babu. Saja ya ce jirgi zai tashi da cikar teku ta yamma, in Ratu bai fito ba an fasa zaɓen Yanuloa, malam kuma zai bi su ya yi bayani a bariki.

Nan dariya ta ɗauke. Mutum biyu aka taɓa kaiwa barikin nan daga Yanuloa, ɗaya ya dawo yana jan ƙafa, ɗayan ba ya jin kira ta kunnen hagu, kuma dukansu samari ne majiya ƙarfi. Penioni ya haura sittin, ga asma. Kuma Waisake da bakinsa ya miƙa shi.

*

A rumbun busasshiyar kwakwa aka ajiye Penioni, kurtu ɗaya a bakin ƙofa yana shan gwanda. Waisake ya leƙa ciki.

"Taubashi."

"Kurtu, don Allah kore min wannan, wari yake."

"Bar wasa. Da ka miƙa masa tambuwar, ya karɓa?"

"Hannu biyu. Har ya sumbaci igiyar."

"Bai tuna da Sakiusa ba?"

"Sai da ya karɓa ya tuna. Na ga fuskarsa ta sauya, ya ce kai Malam, ka kashe ni. Na ɗauka raha ce."

"Ba wanda ya gan ku?"

"Na dai ji motsi a bayan shinge. Ina jin kare ne." Tari ya sarƙe shi, sai da ya lafa ya ci gaba, murya ƙasa-ƙasa. "Waisake, in sun tafi da ni, tabaraun karatuna yana kan taga. Ka ce wa matata ta ajiye min."

"Rufe min baki. Wa zai ɗauke ka? Ko soja ai suna da zaɓi."

Ya fita da sauri, don idonsa ya fara kawo ruwa, kuma gara ya mutu da Penioni ya gani.

*

Maƙwabciyar Ratu, Salanieta, tana zaune tana kankarar kwakwa. Matar nan ba ta barci sai ta tabbata kowa ya rufe ƙofarsa, kuma ba ta taɓa jin abu ta bar shi ya kwana a cikinta ba.

"Me kika ji da asuba?" in ji Waisake.

"Me ban ji ba? Na ji zakaran Fasto, wanda ya cinye min barkono. Na ji matar Sakiusa tana ƙirga tukwanen da za ta tafi da su birni, tun ba a yi zaɓen ba, ka ji rashin kunya. Na ji Merewalesi tana yi wa Kanar faɗa."

Merewalesi ita ce ƙanwar Ratu, uwar Sakiusa. Kanar kuwa karenta ne, ta raɗa masa sunan a shekarar da soja suka karɓi mulki, don ta samu wanda za ta riƙa daka wa tsawa ya fita waje.

"Faɗan me?"

"Oho. Tashi, tashi, ba lokaci, irin nata dai. Kullum ta nan bayan take bi in za ta kamun kaguwa."

Waisake ya watsar da wannan. A al'adar Yanuloa, mace da ɗan'uwanta ciki ɗaya, da zarar sun girma ba magana, ba zama wuri ɗaya, ko suna ba a kira. Merewalesi da Ratu sun fi shekara hamsin a haka, in ta hango shi a hanya sai ta ratse cikin ciyawa har ya wuce. Ita ce ta ƙarshe da za a kawo a wannan magana.

"Ba ki ji nishin mai ɗauke da kaya ba?"

Salanieta ta ajiye kwakwa, ido ya yi haske. "Yanzu da ka faɗa! Na ji wani ya wuce yana haki, ya nufi kurmin bakin ruwa."

*

Ga sawun kuwa, ƙafa tsirara, ya nutse cikin laka har idon sawu. Waisake ya manta da abin da bakinsa ya jawo ɗazu, ya ɗaga murya.

"Ga shi nan! Namiji ne, yana ɗauke da nauyin mutum a kafaɗar dama. A nan ya sauke ya huta. Ku biyo ni!"

Rabin gari ya biyo shi, har da Saja. Suka kutsa cikin kurmi, sauro na ta shagali, sawun ya kai su ga wani tsohon kwalekwale da aka kife. Wani abu ya yi motsi a ƙarƙashi. Aka ɗaga, sai ga Fasto tsugune, rungume da buhu.

"Ratu ne a ciki?" in ji Saja.

Aka kwance buhu. Saiwar yangona ce, mai kyau, irin ta shekara biyar a ƙasa. Fasto ɗin nan kuwa Lahadi uku a jere yana wa'azi a kan yangona, wai ita ke sa maza barci a coci.

"Ƙwace ta na yi," in ji Fasto. "Zan ƙona."

"A ƙarƙashin kwalekwale, Fasto? Da turmi da taɓarya?"

Mutane suka yi ta dariya har da riƙe ciki, amma rabin dariyar ta Waisake ce, kuma ya sani. Saja ya kaɗe laka daga takalminsa, ya dubi teku. Ruwa ya gama janyewa, ya fara juyowa.

"Mai bin sawu, ka ba ni malami, ka ba ni Fasto. Kafin yamma ina jin har matarka za ka ba ni."

*

Waisake ya koma gidan Ratu shi kaɗai, kuma a karo na farko a rayuwarsa ya kama bakinsa. Gaban gidan an tattake, sai ya zagaya baya ya durƙusa, abin da ya kamata ya yi tun farko.

Ga Ratu nan. Ƙafa ɗaya da takalmi, ɗaya babu, ga ramin sanda a gefe. Ba jan ƙafa, ba turjiya, tsoho ya kama hanyar tudu da ƙafarsa. To amma wa ya tasa shi a gaba? Ba sawun kowa a gabansa, ba na kowa a bayansa, sai na kare. Karen ma kamar mai taɓin hankali: ya zo wajen Ratu, ya juya ya faɗa cikin ciyawa, ya dawo, ya sake komawa, haka dai har kan tudu.

Waisake ya bi karen cikin ciyawa. Can nesa da hanya, inda ba mai hankalin da zai bi, ga ciyawa a kwance, ga sawun mace, ƙarami, babban yatsa a buɗe irin na masu taka laka. Tana tafe daidai da Ratu, in ya tsaya ta tsaya, in ya tashi ta tashi, amma ko sau ɗaya ba ta matso ba.

A bakin rafi akwai gungumen da ake takawa a haye. Ratu ya bi ta kai. Ita kuwa ta gangara can ƙasa ta ratsa ruwa har ƙugu, ga gungume a banza. A ƙetare sun huta: ga inda ya zauna yana kallon gabas, ga inda ta zauna can gefe tana kallon yamma, ga kwancin kare a tsakiya.

Waisake ya zauna daɓas a ƙasa. Wane irin ɓarawo ne zai saci mutum bai taɓa shi ba, bai taka inda ya taka ba, ko fuskarsa bai kalla ba? Ya tuna da faɗan asuba. Tashi, tashi, ba lokaci.

"Kai, Waisake," ya ce wa kansa, "lallai aladun sun fi ka."

*

A tsohuwar gonar gidansu Ratu ya same su, can bayan tudu. Ratu yana cikin bukka ya juya wa ƙofa baya, tambuwa rataye a wuya, yana fama da gasasshiyar gwaza da dasashi. Merewalesi tana gindin bishiya ta juya wa bukka baya. Kanar yana tsakiya a baje, harshe waje, kamar wanda ya yi noman kwana biyu.

"Kanar," in ji Merewalesi, "gaya wa na cikin bukka in gwazar ta fi ƙarfinsa akwai gwanda."

"Kanar," in ji Ratu, "ce mata da an bar mutum ya ɗauki haƙoransa da ba a kai ga haka ba."

"Kanar, ce masa kazata ma ba ta da haƙora, kuma ba ta rame ba."

Waisake ya rusuna, ya tafa hannu a hankali, ya yi gaisuwa. Ba wanda ya yi mamakin ganinsa.

"Gwaggo, me ya kai ki?"

"Zauna in gaya maka, tunda ka iso. Jiya ina bayan shinge ina neman kazata na ji ya karɓi tambuwar Malam. Ni na haifi Sakiusa, na san ba zai bari ba. In ya nema dole a ba shi, in an ba shi an karya tambuwa. Babanmu ya taɓa karya ta a kan rigimar gona, bai ga girbin shekarar ba." Ta gyara ɗaurin zanenta. "Wa ɗaya gare ni a duniya. Tun ina budurwa ban kira sunansa ba, ban ci abinci inda yake ba. Amma kullum da asuba sai na bi ta bayan gidansa na ji tarinsa, in na ji sai in tafi kamun kaguwata hankali kwance. Ba zan rasa tarin nan saboda kujera ba. A yi zaɓen ba shi, in jirgi ya tashi mu sauko."

Sai muryar Ratu ta fito daga bukka, tana rawa.

"Kanar, ce mata hayaƙi ne ya shiga min ido."

Wutar kuwa ta daɗe da mutuwa. Waisake ya ji tausayinsu ya kama shi, amma teku ba ta jiran kowa. Ya gaya musu komai: sawun, da bakinsa, da rumbun kwakwa, da jirgin yamma. Merewalesi ta miƙe tsaye.

"Malam mai asma? Assha! To ni na yi, ni za su tafi da ni."

"Kanar!" Ratu ya daka tsawa har gwaza ta faɗi. "Ce mata ta zauna! Ce mata ni babba ne!"

Waisake ya rasa inda zai sa kansa. In ya yi shiru taubashinsa ya tafi, in ya yi magana tsohuwar nan ta tafi, in kuma ya mai da Ratu gari ya kai shi bakin Sakiusa. Ya zauna yana kallon Kanar, Kanar yana kallonsa, har dai karen ya gaji ya kau da kai.

"Ku tashi mu sauka," in ji Waisake. "Amma in mun je, kowa ya faɗi gaskiya tsagwaronta, kada a ƙara ko gishiri."

*

An buga gangar katako, ɗakin taro ya cika har tagogi. Aka dama yangona, daga buhun Fasto, shi ma aka miƙa masa ya sha yana kallon rufi. Shugabanni shida suna zaune a sama, ga akwatin zaɓe, ga Saja, ga Penioni tsakanin kurata. Ratu ya shigo ta ƙofar gaba, aka miƙa masa kofinsa, ya sa haƙora ya koma mutum. Merewalesi ta tsaya a ƙofar baya. Kanar ya duba nan ya duba can, ya je tsakiya ya kwanta.

"Ga Ratu, ga tambuwa a wuyansa," in ji Waisake. "Malam bai yi ƙarya ba. Muni ne kawai laifinsa, shi kuma ba a kai mutum bariki a kansa."

"Na gani," in ji Saja. "Amma wani ya fitar da mai zaɓe daga gidansa ranar zaɓe, kuma an ce in zo da shi. Wane ne?"

Waisake ya juya wajen Ratu. "Ranka ya daɗe, wani mahaluki ya yi maka magana da asuba?"

"Ko ɗaya."

"Wani ya taɓa ka?"

"Wa ya isa?"

"To me ya fitar da kai?"

"Na ji ana gaya wa kare cewa mai gidan nan in yana son ransa ya tashi ya bi shi. Ni kuwa ina son raina."

"Wa ka bi?"

"Karen mana."

Aka fara ƙus-ƙus. Saja ya juya ya dubi ƙofar baya. "Wa ya gaya wa karen?"

"Saja, kana da 'yar'uwa?" in ji Waisake.

"Ina da ita."

"Yaushe rabonka da yi mata magana?"

"Wace irin tambaya ce wannan? Ni ɗan mutunci ne."

"Yawwa. To in ta yi wa karenta magana a bayan gidanka, kai ta yi wa?"

Saja ya shiga gyaran hularsa da ke kan gwiwa, wadda ba abin da ya same ta. Waisake ya juya wajen Sakiusa.

"Kai ka ce a tafi da wanda ya yi, ko daga gidanku ya fito. Sawu biyu na gani tare da na kawunka, kuma duka daga gidanku suka fito. Ɗaya mai ƙafa biyu, bai ko matso kusa da shi ba. Ɗaya mai ƙafa huɗu, shi ya yi ta kai da kawowa. Kai ne mai ƙara. Faɗa wa Saja wanda zai tafi da shi."

Sakiusa ya dubi uwarsa. Gumi ya karyo masa har rigar birnin ta manne.

"Karen ne," ya ce. "Dama tun yana ƙarami ba ya jin magana."

Ɗaki ya kwashe da dariya. Saja ya jira aka lafa, fuska a murtuke, sai gefen bakinsa da ke ɗan motsi. Ya ce a kwance malam, a ɗaure kare. Zai tafi da shi a yi masa tambayoyi, in bai amsa ba jirgin wata mai zuwa zai dawo da shi.

Amma ba a gama ba, kowa ya sani. Ga vasu, ga kawu, ga akwati. Sakiusa ya share gumi, ya rarrafa gaban Ratu, ya tafa hannu. Ratu ya damƙe tambuwar da ke wuyansa, ya rufe ido.

"Kanar," in ji Merewalesi daga ƙofa, "kafin su tafi da kai, gaya wa ɗana..."

"Inna, ai ni kina iya yi min magana."

"Yau ba na so. Kanar, ce masa ƙofar da yake bi ya shiga gidan kawunsa, ni ce. Ya nemi abin da yake so, ba mai hana shi. Amma in abin da ya nema ya kwantar min da wana, ya je majalisar ta riƙa dafa masa kaguwa."

Sakiusa ya dubi akwati, ya dubi tsohon nan da ke damƙe da igiya, mutumin da ya koya masa iyo a bayansa. Ya sunkuyar da kai.

"Kawu, ina son injin kwalekwalenka."

"Sabon?" Ratu ya buɗe ido a firgice. "Wayyo ni! Kanar, ce mata ɗanta ɗan fashi ne!"

Aka rataya tabarma, shugabanni suka shiga bayanta ɗaya bayan ɗaya. Da aka buɗe akwati, Penioni huɗu, Sakiusa uku. Waisake ya yi ihu har da rawa, yana cewa Yanuloa ta lalace, an zaɓi agwagwa. Yana cikin rawar Saja ya ce wanda ya ci ya je ya haɗa kayansa, majalisa za ta zauna mako mai zuwa, kuma ba wani jirgi sai wannan.

Rawar ta tsaya da ƙafa ɗaya a sama.

*

Ruwa ya kusa cika. An riga an sa Kanar a jirgi, yana cin naman gwangwani daga hannun kurtu, ko waiwayen gida bai yi ba. Merewalesi tana wannan gefen gaɓa, Ratu yana wancan.

"Waisake," ta ce, "gaya wa wancan ya sa riga, iska ta taso."

"Ni kuma? Gwaggo, ni ne sabon..."

"Waisake," in ji Ratu, "ce mata na ji."

Penioni ya iso da jakarsa da tabarau a aljihu, ya ji komai, ya yi dariya har asma ta nemi tashi.

"Ka ga an yi maka ƙarin girma. Daga bin alade zuwa gadon kare."

"Wuni guda na yi ina hana jirgin nan tafiya da kai," in ji Waisake. "Da na sani da na bar su, ko banza da na huta da hawan tudu."

Ya so ya ƙara wata, ta ƙi fitowa. Tun suna yara ba su taɓa yin mako ba su zagi juna ba, yanzu kuma wa zai zaga? Baƙin ciki ya tokare shi, ya ji haushin majalisa da soja da teku gaba ɗaya. Penioni ya dube shi, ya gane. Sai ya matsa inda yashi ke da damshi, ya kafa ƙafar hagu ya danna da ƙarfi, ya ɗaga. Ga facin taya, ga karkatacciyar dunduniya.

"Ga shi nan, ka riƙa karatu kafin in dawo. Wannan karon ka karanta a zuci."

Jirgi ya tashi, mutane suka watse. Waisake ya tsaya a kan sawun yana korar duk wanda ya nufo wurin, har ruwa ya iso ya cika dunduniyar, ya koma, ya sake dawowa.

"Tafiyar agwagwa," ya ce a hankali, ba wanda ya ji.